Awa 33 a mako, ba rubutu ba kaset: yadda Betty White ta ci abinci a talabijin na farko

Tambaya daga wata ɗalibar aikin jarida: "Malam, an ba mu aiki a kan tarihin talabijin, sai na ci karo da sunan wata Ba'amurkiya, Betty White, wai ta yi shekara 80 da ɗoriya ana ganinta a akwatin talabijin. Mutanen farkon nan taurari ne masu kuɗi irin na yanzu, ko ma'aikata ne kawai? Kuma me ya sa na nemi shirye-shiryenta na farko a intanet na rasa?"

'Yata, sannu da ƙoƙari. Tambayoyin nan naki biyu uwa ɗaya uba ɗaya suke. Abin da ya sa kika nemi shirye-shiryen kika rasa, shi ne ya sa yawancin masu yin su ba su tara abin kirki ba: aikin ba ya kwana. Ana yin sa iska ta kwashe, gobe a sake sabon lale. Wanda aikinsa ba ya kwana kuwa ɗan ƙwadago ne, ko da duk gari an san fuskarsa. Tunda Betty White kika ambata, mu bi sawunta, don da wuya a samu wadda rayuwarta ta fito da wannan lamari fili kamar ita.

Shekara 80 ɗin da kika gani, daga 1939 ake fara lissafinsu. A shekarar ta gama sakandare a Los Anjalas tana 'yar shekara 17, aka kira ta ita da wani ɗan ajinsu su yi waƙa a gaban kyamarar gwaji, a saman benen wani kamfanin sayar da motoci. Masu kallon suna ƙasa cikin motocin, sun zuba wa ƙaramin gilashi ido. Wannan ba sana'a ba ce, gwaji ne kawai. Yaƙin Duniya na Biyu ya zo ya tsayar da komai, ita ma ta shiga ƙungiyar mata 'yan sa kai tana tuƙa motar kai wa sojoji kaya. Bayan yaƙi ta zaga kamfanonin fim, suka ce fuskarta ba ta karɓar hoto. Sai ta koma rediyo, inda babu ruwan kowa da fuska: karanta talla, ƙaramin matsayi a wasa, wani lokaci ma hayaniyar taro kawai za ta yi a bayan fage, a ba ta dala biyar.

Akwai wani tarko a lokacin da har yanzu matasa ke faɗawa irinsa. Ba a ba ka aikin rediyo sai kana da katin ƙungiyar ma'aikata, ƙungiya kuma ba ta ba ka kati sai kana da aiki. Abin da ya fitar da ita kalma ɗaya ce tak. Wani mai shirya shiri ya tausaya mata ya ba ta sunan man shafa wa burodi ta faɗa a cikin talla, da wannan ta samu hujjar yankar kati.

Sana'ar gaske ta fara a ƙarshen 1949. Wani mai saka faifai a rediyo, Al Jarvis, ya samu fili a tashar KLAC ta Los Anjalas, shirin rana mai suna Hollywood on Television, ya ɗauke ta mataimakiya a kan dala 50 a mako. Tunanin farko shi ne a yi rediyo a gaban kyamara: a saka faifan waƙa, in ya ƙare a ɗan yi magana, a saka wani. Sai masu kallo suka dame su da waya. Suna ganin bakin Jarvis da Betty na motsi suna dariya yayin da waƙa ke tashi, su kuma abin da ake faɗa suke son ji. Aka jingine faifan, aka bar mutum biyu da bakinsu. Da farko awa biyar ne, kwana biyar a mako. Da abin ya karɓu aka mayar da shi awa biyar da rabi, kwana shida. Awa 33 ke nan a mako, kai tsaye, babu rubutu.

Ki ɗan tsaya a kan wannan adadin, don shi ne zuciyar maganar. Wasan da ya fi fito da ita duniya daga baya, The Golden Girls, an yi shi daga 1985 zuwa 1992, kashi 180. In kika cire talla kika tara su duka, ba su wuce awa saba'in da 'yan kai ba. Wato abin da ta yi cikin shekara bakwai tana tsohuwa, a 1950 ba ta cika mako uku take zubar da kamarsa a iska. Kuɗin kuma fa? Dala 50 a kan awa 25 na farko, dala biyu ke nan kowace awa, alhali a 1950 mafi ƙarancin albashi a Amurka santi 75 ne a awa. Albashi ne na rufin asiri, wanda ma'aikaciyar ofis za ta yi sha'awa, an kuma ƙara mata daga baya. Amma ba kuɗin tauraro ba ne, kuma ranar da ba ta zo ba babu abin da zai shigo.

Wanda bai taɓa tsayawa gaban jar fitilar kyamara ba ba zai san nauyin minti ɗaya ba. Na yi shekaru a ɗakin sarrafa shiri na wata tasha, kuma ba na manta wata safiya da baƙonmu ya maƙale a hanya. Minti tara kawai muke so mai gabatarwa ya cike. Mutum ne mai baki, in ana hira a ofis ba ka samun wurin saka kalma. Ya gaishe da masu kallo, ya karanta saƙonni biyu, ya sake gaishe su, ya gyara hula, ya ɗaga kofin shayin da babu komai a ciki ya kurɓa. Ta gilashi ina hango zufa na bin wuyan rigarsa, agogo kuwa minti huɗu kawai ya ci. Sai muka jefa masa tallar da aka riga aka saka sau biyu. To, ki auna wannan da awa biyar da rabi, kullum, har shekara huɗu. A 1952 Jarvis ya tafi, ɗan wasa Eddie Albert da ya gaje shi bai daɗe ba shi ma ya koma fim, aka bar ta ita kaɗai da shirin.

Da me take cike lokacin? Hira da duk wanda ya shigo, waƙa, ɗan wasan barkwanci, karanta wasiƙu, sai uwa uba talla. A lokacin ba a ɗauko talla a faifai a danna. Mai gabatarwa ce za ta ɗauki kayan a hannu, ta nuna wa kyamara, ta yabe shi da bakinta, ta faɗi farashi da adireshin shagon ba tare da kuskure ba, don mai shagon yana gida yana kallo. Ita da kanta ta ba da labarin ranar da suka yi talla fiye da 50 a shiri ɗaya. Saboda haka in an ce "'yar wasa" a 1950, ki fahimci mai shela ce, 'yar kasuwa ce, mawaƙiya ce, kuma mai tare ɓaraka in wani abu ya lalace.

Me ya sa sai kai tsaye? Don babu kaset. Na'urar naɗar hoton talabijin a kan tef sai a 1956 kamfanin Ampex ya fito da ita, kuma tsadarta ta sa manyan tashoshi ne kawai ke iya saye. Kafin nan hanya ɗaya ce ta adana shiri, wadda ake kira kineskof: a kawo kyamarar fim a girke ta a gaban gilashin talabijin, ta riƙa ɗaukar abin da ke fitowa, kamar yadda yaro zai ɗauki allon talabijin da wayarsa yau. Hoton yakan fito dishi-dishi, fari ya yi fau, baƙi ya cushe. Fim ɗin kuma kuɗi ne, wanke shi kuɗi ne. Manyan kamfanoni suna yin haka ne don su aika shirin Niyok zuwa garuruwan da waya ba ta kai ba, tunda sai a Satumbar 1951 aka haɗa gabas da yammacin Amurka da layin talabijin. Ƙaramar tasha mai shirin rana na awa biyar, wa zai ɓata mata fim? Shi ya sa kusan babu abin da ya rage na waɗannan dubban awowi na Betty White. Tun ran farko ba a ɗauka ba, balle a ce an ɓatar.

Waɗanda aka ɗauka ɗin ma ba duka suka tsira ba. Kamfanin talabijin na DuMont, ɗaya daga cikin na farko-farko, ya rufe a 1956. 'Yar wasa Edie Adams ta ba da shaida a 1996 a gaban kwamitin Laburaren Majalisar Amurka cewa a shekarun 1970 an loda tarin fina-finan kamfanin a manyan motoci aka zubar da su a ruwan Niyok, don ajiyarsu ta zama kaya. Da tef ya zo kuma sai ya zo da nasa ciwon: ana iya gogewa a sake amfani da shi, don haka aka riƙa naɗar sabo a kan tsoho. BBC ma ta yi wannan ɓarnar har cikin shekarun 1970.

A Niyok kuwa aikin wani iri ne, ko da yake ciwon ɗaya ne. Can ake yin wasannin kwaikwayo na dare, irin Kraft Television Theatre da ya gudana daga 1947 zuwa 1958, kowane mako sabon labari da sababbin 'yan wasa. A yi mako guda ko kwana goma ana gwaji a wani zaure, a zana wa kowa wurin tsayawarsa a ƙasa, ran wasa a yi shi sau ɗaya. In fage ya canja, ɗan wasa zai ruga ta bayan kyamara yana tsallake wayoyi yana tuɓe riga, ya isa ɗaya ɗakin ya tsaya kamar tun ɗazu yake zaune. Wanda ya manta layinsa, ƙasa duka ta gani. Manyan kamfanonin fim da farko sun hana taurarinsu leƙa talabijin, suna ganin kishiya ce, kuma wannan hanin ne ya buɗe wa yaran da ba a sani ba ƙofa. Paul Newman da James Dean da Grace Kelly duk ta nan suka biyo. Amma kada sunayen nan uku su ruɗe ki. A bayan kowannensu akwai ɗaruruwa da suka yi wasa talatin, arba'in, aka biya su na ranar, yau ko hotonsu babu.

Sai maganar wanda ke riƙe da wuƙa da nama. A shekarun nan mai ɗaukar nauyin shiri ne ubangidan shiri, shi ya sa kike ganin sunan Kraft, kamfanin cuku, a kan wasan kwaikwayo. Mai sayar da kaya kuwa babu abin da yake tsoro kamar rigima. A watan Yunin 1950 aka buga wata ƙasida mai suna Red Channels da sunayen mutum 151 na rediyo da talabijin, ana zarginsu da alaƙa da kwaminisanci. Babu kotu, babu shari'a. Jean Muir, 'yan kiraye-kirayen waya ne suka sa kamfanin General Foods ya cire ta daga wasa ana gab da farawa. Philip Loeb, wanda ke fitowa a matsayin uba a wasan The Goldbergs, mai wasan Gertrude Berg ta tsaya masa har shirin ya bar iska, daga ƙarshe ya dawo ba tare da shi ba. Aiki ya yanke masa, ga ɗa marar lafiya da yake biya wa kuɗin jinya. A Satumbar 1955 ya kashe kansa a wani otal a Niyok. Ɗan wasan da ba shi da komai sai fitowar gobe, kiran waya goma ya isa ya rufe masa tukunya.

Ita ma Betty ta ɗanɗana irin wannan matsin ta wata fuskar. A 1954 kafar talabijin ta NBC ta ba ta shirin rana da sunanta, ta saka wani matashi baƙar fata, Arthur Duncan, gwanin rawar nan ta buga ƙafa da takalmi mai ƙarfe. Tashoshin kudancin Amurka, inda wariyar launin fata take doka, suka yi barazanar daina nuna shirin. Ta ƙi cire shi, ta ma ƙara masa lokaci. Shirin bai ga sabuwar shekara ba. In za ki rubuta wannan, kada ki ce saboda Duncan kaɗai aka soke shi, don an yi ta canja masa lokaci kuma masu kallo sun ragu. Abin da za ki iya faɗa babu shakka shi ne, tana shekara 32, ta zaɓi ta riƙe yaron. Duncan daga baya ya yi shekara 18 yana rawa a shirin Lawrence Welk, daga 1964 zuwa 1982.

To su wa suka yi kuɗi? Waɗanda suka gane da wuri cewa arzikin yana cikin kwafi. A 1951 Lucille Ball da mijinta Desi Arnaz suka ƙi komawa Niyok, suka ce a Los Anjalas za su yi wasansu I Love Lucy, a kan fim mai kyau, da kyamara uku, a gaban 'yan kallo. Kafar talabijin ta CBS da mai ɗaukar nauyi suka ce ya yi tsada. Ma'auratan suka yarda a rage musu dala 1,000 a mako, da sharaɗin fina-finan su zama nasu. Kamfanin ya amince, don a lokacin ba wanda ya ɗauka mutum zai zauna ya kalli abin da ya riga ya gani. Bayan 'yan shekaru CBS ta dawo ta sayi fina-finan nan a kan fiye da dala miliyan 4. Haka Audrey Meadows ta wasan The Honeymooners, wanda aka ɗauki kashi 39 a 1955 zuwa 1956: ɗan'uwanta lauya ne, ya sa aka rubuta mata a yarjejeniya cewa duk lokacin da aka yi maimaici za a biya ta. A cikin abokan wasanta na gefe ita kaɗai ta yi wannan dabarar, ta kuma ci moriyarta shekara da shekaru. Ƙungiyoyin 'yan wasa, irin AFTRA da aka kafa a 1952, sun yi ta fafutukar ladan maimaici, amma yarjejeniyoyin farko na 'yan lokuta ƙididdigaggu ne, in an wuce su kamfani ya ci gaba da nunawa kyauta.

Betty White ba a bar ta a baya ba a nan. Daga 'yan gajerun wasannin mata da miji da take yi don cike lokaci a shirin rana, ita da marubuci George Tibbles da Don Fedderson suka kafa kamfaninsu, Bandy Productions, da sunan karenta, suka fitar da Life with Elizabeth. An fara shi kai tsaye a Los Anjalas, sannan daga 1953 zuwa 1955 aka ɗauke shi a fim, kashi 65, ana sayar wa tashoshi ɗaya bayan ɗaya. Mace 'yar shekara 30 da hannu a mallaka da shirya wasa a wancan zamani abu ne mai wuyar samu. Wannan shi ne wanda za ki nema a YouTube, za ki same shi, saboda fim ne. Ki lura da talaucin kayan fagen, kujera da tebur da ƙofa, da yadda komai ya rataya a kan fuskarta da iya lokacin da take jinkirtawa kafin ta mayar da magana. Wannan iya lokacin a makarantar awa 33 aka koyo shi.

Ni a ganina, ɓangaren rayuwarta da ya fi cancantar nazari shi ne wanda masu yabo ke tsallakewa. Wasanta na 1957, Date with the Angels, bai yi nasara ba. Daga nan har 1973, shekara goma sha biyar, ba ta da wani babban wasa nata. Me ta yi? Duk abin da ya samu. Shirye-shiryen gasa da kacici-kacici, inda ake neman baƙo mai saurin baki. A ɗaya daga cikinsu, Password, ta haɗu da mai gabatarwa Allen Ludden, suka yi aure a 1963. Hirar dare. Talla. Sharhin jerin gwanon furanni na sabuwar shekara a Pasadena, wanda ta yi wa NBC shekara 19. 'Yan wasa masu ji da kansu suna raina irin wannan aikin, suna ganin zubar da girma ne. Ita kuwa ta san masu shirya shiri ba sa manta mutumin da ke zuwa a kan lokaci, ba ya buƙatar rubutu, kuma ba ya barin iska ta yi shiru. Da aka nemi wadda za ta fito a The Mary Tyler Moore Show a 1973 a matsayin mai gabatar da shirin girki, mai zaƙin baki a gaban kyamara da dafi a bayanta, tana da shekara 51. Matsayin na fitowa ɗaya ne, ya zama na dindindin, ya kawo mata kyautar talabijin ta Emmy biyu a 1975 da 1976. Abin dariyar shi ne, irin matar da ta shekara huɗu tana yi da gaske a KLAC ita ce yanzu take kwaikwayo tana yi wa shaƙiyanci.

In malaminku ya yarda ki ƙara shafi ɗaya a kan gida, yana da kyau, don hanyar ta yi kama. Talabijin ya fara a Ibadan a 1959, ya iso Kaduna a 1962, a gida ɗaya da rediyo, kuma kamar can, daga rediyo da dandamali aka samo mutanen farko. Usman Baba Pategi, Samanja, soja ne mai albashinsa. Shi da su Ƙasimu Yero duk Arewa ta san su, amma sanin bai zama mallakar kwafi ba, don shirin na gidan talabijin ne. Ƙasimu Yero ya rasu a 2017, Samanja a 2023. Tsofaffin masu kyamara da masu haɗa sauti da suka yi aiki da su, waɗanda Allah ya bar mana, su ne laburaren da ya rage. Ki ɗauki wayarki ki je ki naɗi bakinsu, ki tambaye su nawa ake biya, sau nawa ake gwaji, ina kaset ɗin ya tafi.

Betty White ta rasu ran 31 ga Disamba 2021, saura kwana 17 ta cika shekara 100. Mujallar People ta riga ta buga bangon murnar cikarta ɗari, yana jere a kantuna ranar da labarin rasuwar ya fito.